Wasiƙa zuwa ga abokina game da aikina a taskar finafinai

Aminina,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali. Ka tambaye ni wane irin aiki ne nake yi a harkar fim alhali ba ka taɓa ganin fuskata a talabijin ba, to ga amsa.

Idan darakta yana shirya fim na tarihi, ni ne ake turawa in nemo masa tsofaffin hotuna masu motsi da aka ɗauka a wancan zamani, in tabbatar da asalinsu, sannan in nemi izinin masu haƙƙin mallaka, waɗanda galibi kan sayar da hoton bisa lissafin daƙiƙa. Nemowar ba ta cika ba ni wuya ba, musamman tun 2014 da British Pathé, wata taskar tsofaffin finafinan labarai ta Birtaniya, ta ɗora finafinai kusan 85,000 a YouTube. Tabbatarwar ce ke hana ni barci.

Makon jiya na buɗe wani gwangwanin fim, sai wani warin tsami ya buge ni, alamar cewa ledar ta fara ruɓewa ke nan. A jikin murfin an rubuta 1938 da hannu. Na sa safar hannu, na ɗaga fim ɗin sama ta fuskar fitila, na duba gefensa, domin kamfanin Kodak kan buga ƙananan alamomi a can, kamar da'ira da alwatika, masu nuna shekarar da aka ƙera shi. Matsalar ita ce alamomin kan maimaitu duk bayan shekara 20, don haka sai na koma nazarin ƙirar motocin da ke cikin hoton, har na gamsu cewa na 1958 ne. Da na gaya wa darakta, ransa bai so ba, ya ce wa zai lura? Na dage sai da aka cire, domin da zarar hoto ya fita da shekarar ƙarya, wasu za su kwafa, ƙaryar ta zauna.

Akwai kuma batun sauri. Yawancin finafinan da ba su da murya an ɗauke su ne a kan hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa, saboda haka idan aka haska su a kan 24 sai ka ga dattawa suna sassarfa kamar an biyo su. Ni dai ina ganin rashin ladabi ne a bar su haka.

Tsofaffin finafinan da suka rage ma ƙalilan ne. Fim ɗin da aka yi ledarsa da sinadarin naitiret, wanda aka yi amfani da shi har farkon shekarun 1950, yakan kama da wuta, kuma ruwa ba ya kashe ta. Gobarar taskar kamfanin finafinai na Fox a Amurka a 1937 ta cinye mafi yawan finafinan kamfanin na farko. BBC kuwa da kanta ta riƙa goge faifanta don sake amfani da su.

Gobe zan kai wancan gwangwanin a juye shi a kwamfuta tun bai ƙarasa lalacewa ba. Ka gaishe mini da mai ɗaki da yara.

Wassalam,
naka har kullum.