Maganin da ke cikin ruwan kwata

Malam Edita, Assalamu alaikum.

Bara na yi jinyar ƙanen mahaifina wata biyu a wani asibiti. Gyambon ƙafarsa ya ƙi warkewa, kullum a canza allura, kullum ruwa na tsatsowa ta bandeji. Daga baya likita ya ce ƙwayar bakteriyar da ta kama shi ta fi ƙarfin magungunan da suke da su. Allah Ya yi masa rasuwa.

Tun daga lokacin nake bibiyar labarin bakteriyofaj, wato bairas ɗin da ba ya taɓa mutum, bakteriya kawai yake shiga ya hayayyafa har ya fasa ta. Ba sabon abu ba ne: masanin kimiyya Félix d'Hérelle ya bayyana shi a 1917, kuma Cibiyar Eliava da ke Tbilisi a Jojiya tana aiki da shi tun 1923. A 2016, a San Diego ta Amurka, da shi aka ceto wani majinyaci mai suna Tom Patterson bayan ƙwayar bakteriyar Acinetobacter baumannii, wadda ta fi ƙarfin magunguna, ta kai shi bakin kabari. Wasu daga cikin bakteriyofaj ɗin da aka ba shi ma daga ruwan najasa aka tsamo su.

Kowane iri yana da ƙwayar da yake ci, don haka sai an nemo wanda ya dace da ƙwayoyin asibitocinmu. Ina roƙon jami'o'inmu da asibitocin koyarwa su tara nasu, gwamnati kuma ta ba su kuɗin binciken.

Naku,
Mai karatu daga Zariya