A Legas ni Aboki ne, a Kano ni Bayarabe ne

Assalamu alaikum Hajiya,

Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya ke da abokan aikinki. Ina bin shirinki a waya idan gida ya yi barci. Don Allah ki sakaya sunana, domin 'yan gidanmu ma suna kama tashar.

Ni saurayi ne ɗan shekara 27. A Agege aka haife ni, can ma aka haifi mahaifina. Kakanmu ne ya bar Kano ya bi jirgin ƙasa zuwa kudu fataucin goro, ya tarar Hausawa sun riga sun kafa zango a Agege da sarkinsu da masallatansu, ya yi zamansa. Baba ya tashi ya kama harkar shanu a mayankar Oko-Oba. Ni kuwa da na gama sakandare sai na shiga Computer Village da ke Ikeja, na koyi gyaran waya a hannun wani ɗan ƙabilar Ibo har ya yaye ni, na samu ɗan teburina a bakin wani shago.

Hajiya, da kin san ni a lokacin da ba za ki yarda ni ne mai wannan wasiƙar ba. Bakina ba ya shiru. Ni ne mai riƙe kuɗin adashin yaran layinmu, ni ake kira idan faɗa ya ɓarke a filin ƙwallo, domin ina jin Yarbanci kamar ɗan gari, ga broka, ga Hausa. Gaskiya ne ba a cika kiran sunana ba, Aboki kawai ake ce mini, ko Malam. Na saba har ba ya yi mini ciwo. Sau ɗaya abin ya taɓa ni sosai, a 2016 lokacin rikicin kasuwar Mile 12, da Baba ya hana mu fita. Wani da muka yi firamare tare ya tambaye ni, wai da wasa, yaushe za mu koma garinmu. Na ce a raina ba komai, ai ina da gari, Kano ce, duk ranar da na je za a san ni ɗan gida ne.

Baba ya rasu a 2023. Yayansa, wanda aka kawo Kano karatun allo tun yana yaro bai koma ba, ya ce ba zai bar matar ƙaninsa da 'ya'ya mata biyu a ɗakin haya a Ikko ba. Bayan Mama ta fita takaba muka tattara muka taho. Baffa ya ba mu sashe guda a gidansa, ya sa ni a shagonsa na atamfa a Kantin Kwari. Ba zan yi masa butulci ba, bai taɓa bari mun kwana da yunwa ba, kuma shi ke biya wa ƙannena kuɗin makaranta.

Matsalar ta fara ne daga baki. Hausarmu ta Agege ba ta cika raba mace da namiji ba. Na ce "Mama ya ce a kawo cefane", yaran shago suka yi ta dariya har da riƙe ciki, daga ranar sunana ya koma Bayarabe. Sai gaisuwa: na gaida Baffa a tsaye ina kallon fuskarsa, aka ce ba ni da kunya, wai tarbiyyar Yarbawa ce. Abin ma da ban dariya, su Yarbawan har kwanciya suke yi a ƙasa su gaida babba, amma wa zan yi wa wannan bayanin? Idan manya suna hira na sa baki, an ce na cika iyayi. Idan na yi wa mai saye raha, an ce ina zubar da mutuncin shago. Ko takardar shaidar ɗan asalin ƙaramar hukuma da na je nema, sai da Baffa ya je da kansa ya tsaya mini, don wanda na samu a ofishin yana jin maganata ya ce in je in nemo ta inda na fito.

To sai na koyi shiru. Kafin in furta kalma sai na juya ta a raina in ga ko ta mace ce ko ta namiji, kafin in gama an wuce wurin. A majalisar ƙofar gida ina zama a gefen tabarma ina latsa waya. Yanzu na iya tsugunawa, na iya sunkuyar da kai, na iya "ranka ya daɗe". Kuma abin da ya fi ci mini rai, Hajiya, yanzu ne ake yabona. Baffa yana gaya wa baƙi cewa yaron ya nutsu, Kano ta gyara shi. Wannan nutsuwar da suke gani ita ce ciwona.

Kwanakin baya wata mata daga Ilori ta shigo shago da ɗanta yana yi mata tafinta, suna ta fama da yaran a kan farashin turmi. Ban san lokacin da bakina ya kuɓuce ba, na gaishe ta da Yarbanci. Ta dafe ƙirji, ta ja kujera ta zauna. Na shiga sauko mata da kaya ina warware su a kan kanta, muna ciniki muna tsokanar juna, ta ce na fi ƙarfinta, na ce ita ce za ta karya mu. Ta sayi abin da ba ta yi niyya ba, ta karɓi lambar shago. Ina ninke sauran atamfofin na ji hannuna yana rawa don daɗi, har na ji yunwa, abin da na daɗe ban ji ba. Tana fita ɗaya daga cikin 'ya'yan Baffa ya ce, "Yau Bayarabe ya ga danginsa." Aka yi dariya. Na koma lunguna.

Yanzu barci sai ɓarawo. Nakan kai kiran assalatu idona biyu, ƙirjina kamar an ɗora dutse. Na rame. Sallah ma ina yi ne jiki kawai, sai in sallame ban san surar da na karanta ba. Wani lokaci hawaye ya zo mini a cikin Adaidaita Sahu ba tare da wani ya ce mini komai ba. Wani yaro a kasuwa ya taɓa miƙo mini ƙwaya, ya ce tana ɗauke tunani. Ban karɓa ba, amma na daɗe ina kallonta, kuma wannan ne ya tsorata ni har na ɗauki biro.

Mama ta ce sammu ne ko iska, ta karɓo rubutu, an yi mini ruƙya, ina sha ina shafawa don ina girmama ayar Allah. Da na ce ko in ga likitan ƙwaƙwalwa, sai ta rufe mini baki da hannu, ta ce kada in sake, idan aka ji an gan ni a asibitin Dawanau ba mai ba ni 'ya, ƙannena ma sai abin ya shafe su. Na san tun 2023 aka sa hannu a sabuwar dokar kula da lafiyar ƙwaƙwalwa a Najeriya, amma dokar ba ta iso majalisar unguwarmu ba. A nan ko dai lafiyarka ƙalau, ko kuma kai mahaukaci ne.

Tsohon maigidana na Ikeja yana kirana, ya ce wurina yana nan. Idan na tafi, na bar Mama a gidan wani, kuma za a ce Baffa ya yi mini riga da wando na watsa masa ƙasa a ido. Ƙannena su sun saje, Hausarsu ta miƙe, suna islamiyya suna da ƙawaye, ba su ma son a yi zancen Legas. Na taɓa roƙon Baffa ya bar ni in kama gyaran waya a Farm Centre, tunda nan ma kasuwar waya ce kuma ita ce sana'ar da na iya, ya ce ɗan gidansa ba zai zauna a bakin titi yana kwance wayar mutane ba alhali ga shago.

Hajiya, ki taimake ni da shawara. Wannan abin da nake ji ciwo ne da likita zai duba, ko rashin haƙuri ne kamar yadda ake gaya mini? Idan na likita ne, ta yaya zan je ba tare da na saɓa wa Mama ba? Wa ya kamata in tura ya yi wa Baffa maganar Farm Centre, tunda ni idan na buɗe baki rashin kunya ake gani? Kuma idan duk wannan bai yiwu ba, laifi ne in koma Agege in riƙa aiko musu da abin da na samu?

Allah ya saka miki da alheri, ya ƙara lafiya.

Ɗanki,
daga Kano.