Wasiƙa Zuwa Ga Ɗana Abba: Tsingaro Da Iyakar Bakinsa

Assalamu alaikum, Abba.

Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, ya sanyin Irbid can Jordan, ya karatun tonon kayan tarihi? Mu nan sai godiya. Mahaifiyarka na gaishe ka, ta ce ko yajin da ta aika ya isa?

Na ga abin da ya faru a zauren WhatsApp na gida daren Juma'a. Ban ce uffan ba a can, don ba a yi wa ɗa faɗa a tsakiyar kasuwa. Ka rubuta wa Kawunka cewa masana sun gama tabbatarwa Bani Isra'ila Kan'aniyawa ne, babu wanda ya fito daga Masar. Shi kuma ya ce boko ya cinye maka imani, ya fice daga zauren. Ku biyun duk kun sa wa ƙasa maganar da ba ta faɗa ba. Shi zan same shi a masallaci. Kai ne nawa.

Shekara 31 na yi ina koyar da tarihi a sakandare, kuma takardun da kake turo min ina karanta su, ko da sai na matso da fitila. Mu fara da dutsen Fir'auna Merneptah, wanda Flinders Petrie ya tono a 1896 daura da Luksor. An sassaƙa shi wajen 1208 kafin Miladiyya. Kusan duk rubutun kirari ne na cin Libiyawa da yaƙi. Sai can ƙasa ya lissafa Ashkelon da Gezer da Yano'am, sannan ya ce an ragargaza Isra'ila, irinta ya ƙare. Abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne 'yar alamar da marubucin ya sa bayan kowane suna. Garuruwan nan uku ya sa musu alamar ƙasa, Isra'ila kuwa ya zana mata namiji da mace a zaune, wato jama'a ce, ba birni mai ganuwa ba. Iyakar abin da dutsen ya faɗa ke nan: akwai mutane masu wannan suna a Kan'ana, har sun kai a yi alfahari da cin su. Inda suka fito da abin da suke bauta wa, bai taɓa zancen ba. Kuma ka ga ƙari ma ya yi, tunda irin bai ƙare ba. Maroƙin sarki ko'ina halinsa ɗaya.

Ban raina abin da malamanku suka koya muku ba. Binciken Israel Finkelstein da wasu ya nuna cewa daga wajen 1200 kafin Miladiyya ƙananan ƙauyuka fiye da 200 sun tsiro a kan tsaunukan tsakiyar ƙasar Kan'ana. Ba ganuwa, ba fada, sai gidaje masu ɗaki huɗu da ginshiƙan dutse, da ramukan tara ruwan sama, da manyan randuna masu kauri a wuya. Tukwanensu jikokin na Kan'aniyawa ne, harshensu ma ɗan'uwan nasu ne. Ƙashin alade da ƙyar ake samu a jujinsu, alhali a Ashkelon da Ekron na Filistiyawa ga shi nan birjik. Shi ya sa masana da yawa suka ce galibin mutanen nan 'yan ƙasa ne tun asali. Ga kuma hamadar Sina'i, inda aka yi ta nema ba a samu sawun babban ayari na wannan zamani ba. Hujjoji ne masu nauyi, kada ka ɓoye su don ka faranta wa kowa, ko da ni ne.

Amma "galibi" daban, "duka" daban. Randa tana iya gaya maka inda maginiyarta ta koyi sana'a. Ba ta san daga ina kakan mai shan ruwan ya taso ba. Wangarawan da suka shigo Kano zamanin Sarki Yaji, ai ba su ɗauko randuna tun daga Mali ba. Wanda zai tona unguwarsu yau, da wuya ya gane baƙi ne daga tsingaro kaɗai. Cikin malaman fanninku akwai masu ganin wata ƙungiya ta fito daga Masar ta haɗu da mutanen tsaunukan, har suna kafa hujja da cewa sunan Musa kansa ya yi kama da sunayen Misirawa. Ka san da wannan, amma ba ka faɗa wa Kawunka ba, don kana so ka kayar da shi.

Ka tuna tsohon birnin Yariko. John Garstang ya tona ta a shekarun 1930, ya ce ga ganuwar da ta rushe zamanin Yusha'u. Kathleen Kenyon ta koma daga 1952 zuwa 1958, ta bi ƙasar hawa-hawa, ta ce rushewar ta faru wajen 1550 kafin Miladiyya, tun kafin lokacin da ake zato. A ɗaya ɓangaren, an yi masu cewa Annabi Dawuda ƙirƙira ce kawai, sai a 1993 aka tsinci gutsuren dutse a Tel Dan da rubutun Aramiyanci yana ambaton "gidan Dawuda". Wannan ma kada ka yi tsalle da shi: ya nuna akwai gidan sarauta mai wannan suna a ƙarni na 9 kafin Miladiyya, bai auna maka faɗin mulkin ba.

Na san abin da ya girgiza ka da gaske, ko da ba ka faɗa ba. Kuntillet Ajrud ne, can cikin Sina'i, inda Ze'ev Meshel ya tono randuna a 1975 da 1976 masu rubutun sa albarka da sunan Yahwe na Samariya "da Asherarsa" (Yahwe shi ne sunan Allah a wajen Bani Isra'ila, Ashera kuwa sunan wata allahiyar Kan'aniyawa ne). Ga kuma ɗaruruwan 'yan gumakan mata na yumɓu da aka samu a gidajen ƙasar Yahudiya, har cikin Ƙudus. Ka ɗauka an bankaɗo wani asiri. Abba, buɗe Suratus Saffat, aya ta 125, ka ga abin da Annabi Ilyasu yake tuhumar mutanensa da shi: kiran gunkin Ba'al. Ga labarin ɗan maraƙi da Samiri ya ƙera, wanda ka haddace tun kana allo. Littattafan da kansu sun ce mutanen sun yi ta gauraya bauta. Inda ake saɓani shi ne fassara: masana da yawa na cewa kaɗaita Allah a hankali ya tsiro daga cikin wannan gauraye, mai imani kuwa yana cewa shi ne asali, aka bauɗe. Randar ba ta raba wannan gardama ba. Ta nuna abin da wani matafiyi yake roƙo da shi wajen shekara 800 kafin Miladiyya, shi ke nan.

Ka ce za a kai ku Diban wata mai zuwa. Nan aka ga dutsen Sarki Mesha na Mowab a 1868, mai ambaton Omri sarkin Isra'ila. Da Turawa da hukumar Usmaniyya suka fara ja-in-ja a kansa, sai mutanen wurin suka hura masa wuta, suka kwara ruwan sanyi, ya tarwatse. Abin da aka harhaɗa yana gidan tarihi na Louvre a Paris. Ka ɗauko min hoton tudun tsohon garin, ina so in ga girmansa.

Kafin nan, ka kira Kawunka. Kira, ba saƙo ba, kuma ka bari ya gama faɗansa kafin ka buɗe baki. Shi ya ɗauke ka a babur ya kai ka makaranta ranar farko. In kuɗin kira ne matsala, na sa ƙanwarka ta tura maka gobe.

Allah Ya yi maka albarka.

Mahaifinka.