Wasiƙa daga Auyo

Assalamu alaikum ƙawalli,

Ya Kaduna, ya maigidan da yara? Na san kin yi fushi, wata uku shiru. Ki yi haƙuri, aikin binciken nan ne ya kawo mu ƙauyukan Auyo, muna jin ta bakin mata kan ambaliyar 2022.

Abin da ya fi damuna, tsoronmu ake ji. Ranar farko mai unguwa ya sa aka raka ni wani gida. Ina fito da waya zan naɗi murya, matar ta ja mayafi ta rufe baki. Kome na tambaya, sai ta ce "sai godiya." Da na kawo takardar amincewa ta dangwala yatsa, ta ɓoye hannu. Ban ga laifinta ba. Surukarta ta tuna min gwajin maganin Pfizer a Kano lokacin sanƙarau na 1996. Tsofaffi kuma in ka ce shanu nawa, jangali ke faɗo musu a rai, duk da Rimi ya soke shi tun Jigawa tana cikin Kano.

Washegari na koma, ba takarda a hannu. Na iske tana ɓarar gyaɗa, na zauna a tabarma na sa hannu. Ta dama min fura na shanye. A nan na gane ni ma na yi kuskure jiya, na tambaye ta sunan ɗanta na fari, kuma a gaban suruka. Wace mace za ta faɗa? Sai da tsohuwar ta tashi alwalar la'asar, na gaya mata sunanta ba zai fita ba, kuma duk inda ta ce in tsaya zan tsaya. Ta yi shiru, can ta ce, "To kunna abin naki." Ta ba ni labarin daren da ruwa ya ci rumbunsu, gero yana yawo a tsakar gida, tana goye da yaro tana neman akuyarta cikin duhu. Wallahi hawaye na yi.

Ke kuma da kika rantse ba zan yi kwana biyu ba fanka ba, sai ki tanadi goron cin tara! Na saya miki bandar kifin Haɗejia, direban nan namu zai kawo ranar Laraba. Wai da gaske an sa ranar auta bayan Sallah? Ba wanda ya gaya min.

Gobe zan koma gidan, ta ce kishiyarta ma tana son magana.

Ki gaida Inna da jiki.

Taki har kullum.