A kawo ta gaban alƙali a ji ta bakinta

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ka ba ni fili in yi magana a kan abin da ya faru a unguwarmu watan jiya, wanda har yanzu yake ci mini rai. Na daɗe ina aikin akawu a kotu kafin in yi ritaya, shi ya sa uwar wata yarinya da aka kulle a ɗaki ta zo wurina da kuka.

Bazawara ce, shekararta 26. Ta gama idda ta ce ga wanda take so, baffanta ya ce sai ɗan amininsa. Da ta ƙi, aka ƙwace wayarta, aka danna wa ƙofar ɗakinta kwaɗo, tuwo ma ta taga ake miƙa mata. Kwana 11 tana ciki. Manemin nata kuwa aka kai shi wurin 'yan sanda wai ya hure mata kunne, ya kwana uku a bayan kanta.

Mutane da yawa ba su san doka ta tanadi mafita ba. Sashe na 35 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya hana a tsare mutum ba bisa ƙa'ida ba, sashe na 46 kuma ya ba Babbar Kotu ikon sauraron ƙorafin. Akwai umarnin da lauyoyi ke kira habiyas kofus: alƙali ya ce wa mai tsaron, ɗan sanda ne ko baffa, ya kawo mutumin da jikinsa, ya faɗi hujjar riƙe shi. Ƙa'idojin kotu na 2009 kan ƙarar take haƙƙin ɗan Adam sun yarda wani ya shigar da ƙarar a madadin wadda aka kulle. Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ma ta hana kama mutum a kan rikicin da ba na laifi ba.

Amma ina jan hankalin alƙalanmu, don wannan umarni kan juye ya zama makami a hannun masu tsaron. A Indiya wata ɗaliba mai suna Hadiya ta musulunta ta yi aure, mahaifinta ya kai irin wannan ƙara. A 2017 Babbar Kotun jihar Kerala ta rushe auren ta miƙa ta ga iyayenta, alhali tana da shekara 24. Sai a Maris 2018 Kotun Ƙoli ta mayar da auren, bayan ta saurari Hadiya da kanta. Aikin alƙali a nan shi ne ya tambayi baligar mace ko da son ranta take zaune inda take. Ingancin aure da batun waliyyi na kotun shari'a ne.

Kada wani ya ce wannan bokon Turawa ne. A cikin Bukhari, Khansa'u bint Khidam ta kai ƙara cewa mahaifinta ya aurar da ita tana bazawara ba da yardarta ba, Annabi (SAW) ya warware auren.

Ita dai tamu, ranar da takardar lauya ta iso gidan aka cire kwaɗon. Na gan ta ta fito tana kāre idonta daga rana, ƙafafunta sun kumbura. Ina roƙon limamanmu su taɓo wannan a huɗuba, jaridarku kuma ta buga adireshin ofisoshin Hukumar Ba da Agajin Shari'a na jihohinmu, don uwar nan ba ta san akwai su ba.

Naku,
Tsohon akawun kotu, Zariya