Amsa ga mai tambaya kan furodusan da ke nesa da makaɗansa

Assalamu alaikum, ƙanena.

Ka tambaye ni a bainar jama'a ko kundin waƙoƙi zai yi armashi alhali furodusa yana wata ƙasa, makaɗa suna wata. Amsata ita ce zai yi, amma da sharaɗi, kuma aikin ƙungiyar Mogwai, makaɗan rok da suka kafu a birnin Glasgow na Sukotland a 1995, shi ne hujjata.

A 2020 sun shirya tafiya Amurka domin naɗar kundinsu na goma, As the Love Continues, a sutudiyon furodusa Dave Fridmann da ke jihar New York, sai annobar korona ta rufe hanya. Suka tare a sutudiyon Vada a yankin Worcestershire na Ingila, shi kuwa Fridmann yana sauraronsu yana ba da umarni ta intanet, da bambancin agogo na awa biyar tsakaninsu.

Ka lura da abin da ba su raba ba. Su huɗun sun buga kiɗan a wuri ɗaya, domin yawancin kiɗansu ba shi da baiti ko amshi. Jita ce take farawa a hankali kamar raɗa, ganguna su biyo baya, sautin ya yi ta kumbura har ya cika ɗaki. Lokacin da za a saki wannan ƙarfi, mai ganga yana karanta shi ne a jikin mai jita, a ɗaga kafaɗa ko gyaɗa kai, kuma ba na jin waya tana iya ɗaukar wannan.

Abin da ya iso daga nesa kunnen furodusa ne, shi ma ba baƙon kunne ba, tun da Fridmann ne ya yi musu kundin Come On Die Young a 1999. Mutumin da ya san hannunka sama da shekara ashirin, idan ya ce a sake ɗauka, ba ka tsayawa gardama. A ganina wannan amana ce ta riƙe aikin, kuma ita ce na fi so ka auna kafin ka tura wa wanda ba ka taɓa zama da shi ba waƙarka.

Kundin ya fito a Fabrairun 2021 a ƙarƙashin kamfaninsu, Rock Action, ya kuma zama na farko a tarihinsu da ya hau matsayi na ɗaya a jadawalin cinikin kundaye na Birtaniya.

Na gode da tambayarka, Allah ya yi wa sana'arka albarka.

Yayanka a sana'a.