A Judo, Faɗuwa Ake Fara Koya

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a jaridarka mai farin jini in yi tsokaci a kan judo, wato wata irin kokawa ta Japanawa, domin kwanan nan wani maƙwabcina ya cire ɗansa daga ajin koyonta bayan wata guda kacal, wai ya biya kuɗinsa amma ba abin da ake koya wa yaron sai faɗuwa.

Gaskiya ne da faɗuwa ake farawa, kuma da gangan aka tsara haka. Jigoro Kano, wanda sunansa ba shi da wata alaƙa da birninmu na Dabo, malamin makaranta ne kuma shi ya ƙirƙiro judo, a 1882 ya kafa makarantar koyar da ita mai suna Kodokan a Tokiyo, cikin wani ɗaki mai tabarma 12 a wurin ibada na Eishoji. A tsarin da ya bari, sabon ɗalibi yakan shafe makonni yana maimaita abin da suke kira ukemi: ya manna haɓarsa a ƙirji don kada ƙeyarsa ta bugi ƙasa, ya lanƙwasa bayansa, ya maki tabarma da hannu daidai lokacin da jikinsa ya sauka, sannan ya miƙe ya sake. Wanda bai ƙware a wannan ba, malami ba zai bari a ɗaga shi a kayar ba, saboda jikin abokin atisaye amana ne a hannun mai kayarwa.

Bayan atisaye, ɗalibai ne da kansu suke sharewa da goge ɗakin. A watan Janairu kuwa, lokacin da sanyin Tokiyo ya fi tsanani, Kodokan takan gudanar da kangeiko, wato atisayen asuba na kwanaki a jere, inda abin da ake yaba wa mutum shi ne bai yi fashi ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai ya faru ne a gasar Olamfik ta Tokiyo a 1964. Anton Geesink, ɗan ƙasar Holan, ya danne Akio Kaminaga na Japan a wasan ƙarshe, a gaban Japanawa, a wasan da suka ƙirƙira. Da mutanen Geesink suka yunƙura za su afka kan tabarma don murna, sai ya ɗaga musu hannu ya dakatar da su, domin bai riga ya gaisa da abokin karawarsa yadda ƙa'ida ta tanada ba.

Na ba maƙwabcin nawa wannan labari, na kuma roƙe shi ya mayar da yaron ko da na wata shida ne. Ya ce zai yi shawara da mahaifiyar yaron.

Naka,
Wani mai karatu daga Fagge, Kano